Zongon Kwatano: Gida dai namu ne, to ƙasar fa da sunan wa take?

Duk ɗan kasuwar da ya taɓa sauka Kwatano domin fitar da kaya daga tashar jiragen ruwa, ko daga Kamba ya taho, ko Gaya, ko Illela, ko Jibiya, da wuya a ce bai kwana a Zongo ba, ko kuwa bai yi sallar Juma'a a babban masallacinta ba. Nan ne masaukinmu. Nan ake samun fatoma da dillali da tuwon dare, nan kuma ake jin labarin gida. Gidaje da dama a unguwar sun ga kaka sun ga jika, wasu har tattaɓa-kunne. Idan ka tambayi mai gida ko gidan na wane ne, nan take zai ce maka na gado ne, kowa ma ya sani. Amma da za ka ƙara masa tambaya guda, ka ce to da sunan wa ƙasar take a littafin gwamnati, sai ka ji magana ta fara tsawo, ana a bari Alhaji ya dawo daga Parakou, ko a ce takardun suna cikin akwatin marigayi.

A da, wannan tambaya ba ta hana kowa barci. Yanzu kuwa ta zama ta kuɗi, domin a ranar 14 ga Agustan 2023 wa'adin shekara 10 da dokar filaye ta Jamhuriyar Benin ta ba jama'a ya cika. A cikin wancan wa'adi ne aka yi ta haƙuri da tsohuwar hanyar ciniki, wato a rubuta takarda a kai ofishin magajin gari ya buga hatimi. Abin da dokar ta tanada bayan wa'adin shi ne, cinikin fili ko gida sai ya bi ta hannun notar, kuma sai an tabbatar da haƙƙin mai sayarwa a hukumar filaye ta ƙasa kafin a yi maganar sayarwa. Ga unguwa kamar Zongo, wadda ke tsakiyar birni a gunduma ta 5, kusa da tashar jiragen ruwa da manyan kasuwanni, inda taƙi ɗaya na ƙasa ke da daraja, wannan sauyi ba ƙarami ba ne.

Kafin mu yi nisa, ya kamata mu bambanta takardun da ke hannun mutane, don a nan ne ruɗanin yake. Turawan Faransa ne suka kawo tsarin yi wa ƙasa rajista a yankin nan, da dokokin 1906 da 1932, kuma bayan samun 'yancin kai ƙasar Dahome ta sabunta shi da dokar 14 ga Agustan 1965. Wannan tsari shi ne ke haifar da takardar da ake kira titir fonsiye, wadda ita kaɗai ce cikakkiyar shaidar mallaka. Sai dai hanyar samunta ta kasance doguwa mai tsada, shi ya sa shekara da shekaru 'yan ƙalilan ne suka mallake ta.

Abin da ya yawaita a tsofaffin unguwannin Kwatano shi ne permi dabite, wadda dokar 13 ga Yulin 1960 ta tsara, ana saura 'yan makonni a sami 'yancin kai. Ma'anar sunanta da Faransanci ita ce izinin zama, kuma iyakarta ke nan. Ƙasa ta gwamnati ce, da sunanta aka yi rajista, aka yanka ta fuloti-fuloti (a Kwatano karre ake cewa, kuma da lambar karre ake kwatancen gida), sannan aka ba mutum takarda aka ce ya zauna ya yi gini. Gini nasa ne, ƙasa kuwa aro ce, kuma a doka mai aro yana iya karɓe abinsa. A aikace jama'a sun ɗauke ta tamkar takardar mallaka. An sayar, an jinginar, an gada, sau da yawa ba tare da an koma an sauya sunan da ke kanta ba. Ta haka ne za ka iske gidan da ya sauya hannu sau biyu ko uku, amma takardarsa tana ɗauke da sunan mutumin da ya rasu tun zamanin Janar Kereku na farko.

Takarda ta uku ita ce wadda muka fi sabawa da ita, wato konbansiyon, takardar ciniki tsakanin mai saye da mai sayarwa, shaidu su sa hannu, shugaban unguwa ya buga hatimi. Mu 'yan kasuwa muna girmama irin wannan takarda, domin da amana da shaidu muke cinikin miliyoyi tsakanin Kwatano da Maraɗi ba tare da lauya ya ji ba. To amma konbansiyon abu ɗaya take tabbatarwa: cewa wane ya karɓi kuɗin wane. Ba ta tabbatar da cewa filin nasa ne tun farko ba, ba ta nuna daga ina zuwa ina filin ya tsaya ba, kuma ba ta hana shi gobe ya rubuta wa wani irinta. Buhun shinkafa idan ka saya kana ɗauke shi ka tafi. Fili kuwa yana nan inda yake, ana iya nuna wa mutum biyar shi a mako guda.

Gwamnatocin baya sun yi ƙoƙarin gyara. A 2006 Benin ta sa hannu kan yarjejeniyar tallafi da hukumar MCC ta Amurka, ta dala miliyan 307, kuma ɗaya daga cikin ɓangarorinta shi ne filaye, har da mayar da permi dabite zuwa titir fonsiye a manyan birane. Da shirin ya ƙare a 2011, abin da aka samu a birane bai ko kusa da abin da aka yi buri ba. Daga nan ne aka yi dokar filaye ta 14 ga Agustan 2013, wadda ta shafe tsofaffin dokokin ta haɗe komai wuri ɗaya, ta kuma kafa hukumar ANDF mai ofisoshi a ƙananan hukumomi. Da farko dokar ta zo da wata sabuwar takarda a madadin titir, mutane ba su gamsu da ita ba. A watan Agustan 2017 aka yi wa dokar gyara, aka dawo da titir fonsiye a matsayin takardar da ba a tayar da ita, aka kuma tsawaita wa'adin sauyi daga shekara 5 zuwa 10. Gyaran ya bar wata 'yar ƙofa: mai sayarwar da bai riga ya sami titir ba yana iya neman takardar wucin gadi daga ANDF, mai aiki na shekara ɗaya, kafin ya yi ciniki.

Shi titir ba a ofis kawai ake yin sa ba, sai an zo kan ƙasa. Mai nema zai kai takardun da doka ta yarda su zama alamar haƙƙi, irin su takardar da ake bayarwa bayan an yanka unguwa an nuna wa kowa filinsa, ko takardar riƙon gargajiya, ko takardun harajin gida na shekara uku na baya. Za a yi shela domin duk mai ja ya fito. Sannan safiyo, wanda a can ake kira jiyometir, zai zo ya yi awo a gaban maƙwabta, a kafa bikon a kowace kusurwa, a rubuta abin da aka gani kowa ya sa hannu. Wannan zama na gaban maƙwabta shi ne zuciyar aikin, kuma shi ne abin da mutanenmu suka fi gudu. Dalili kuwa sananne ne. A unguwar da aka daɗe ana zama, katanga ba ta cika tsayawa inda takarda ta ce ba. Wani ya ciyo rabin taƙi lokacin da ya gina bayan gida shekara 40 da suka wuce, wani ya toshe lungun da ruwa ke bi, wani kuma maƙwabcinsa ne ya ba shi aron wuri ya kafa shago, duka biyun sun rasu, 'ya'ya ba su san da maganar ba. Ranar da igiyar awo ta sauka, duk wannan zai fito fili.

Mun ga ɗanɗanon hakan a watan Janairun 2017. Idan mai karatu bai manta ba, a ƙarshen 2016 aka bi manyan titunan Kwatano ana shafa jan fenti a jikin shaguna da rumfuna, sannan da shigowar sabuwar shekara perefen jihar Littoral na lokacin, Modeste Toboula, ya fito da motocin rusau. Duk abin da ya wuce iyakar karre ya shiga hurumin titi an kwashe shi, ba maganar diyya, domin a doka wurin na jama'a ne, kuma daɗewa a kansa ba ta mayar da shi na mutum. Har sahun sallar Juma'a da ke fitowa kan titi sai da abin ya taɓa, aka yi ta ka-ce-na-ce, sai da shugaban ƙasa na lokacin Patrice Talon ya zauna da shugabannin Musulmi a watan Fabrairu kafin ƙura ta lafa. Mutane da yawa a ranar ne suka fara sanin inda iyakar gidansu ta tsaya. Katafila ce ta nuna musu, ba safiyo ba.

Amma a ganinmu babbar matsalar Zongo ba ta katanga ba ce, ta cikin gida ce. Galibin manyan gidajen unguwar gado ne da ba a raba ba. Mai gida ya rasu ya bar mata uku da 'ya'ya goma sha, aka ce a bar gida yadda yake domin zumunci, babban ɗa ya riƙa karɓar kuɗin hayar shagunan gaba yana rabawa. Shekaru suka ja, shi ma ya rasu, magada suka ninka, wasu suna Legas, wasu Yamai, wasu Kano, wasu ma ba su taɓa taka Kwatano ba. Yau idan aka ce a yi titir, tambayar farko da notar zai yi ita ce su wane ne magada, kuma ina takardar da ta nuna haka.

A nan ne ake karo da wani abu da yawancinmu ba mu lura da shi ba. Dokar iyali ta Benin, wadda ta fara aiki a watan Agustan 2004, ta ce al'adu sun daina zama doka a al'amuran da ta tsara, kuma gado yana cikinsu. A gaban alƙali ɗa namiji da 'ya mace rabonsu ɗaya ne. Auren da doka ta sani shi ne wanda aka ɗaura a ofishin gwamnati, kuma na mace ɗaya, ko da yake auren mata fiye da ɗaya da aka yi kafin dokar bai ɓaci ba. Ke nan matar da aka aura a masallaci kawai ba ta da kason matar aure a lissafin kotu, alhali a lissafin malam tana da shi. Iyalan Zongo kuwa bisa shari'ar Musulunci suke rabo, kuma muddin kowa ya yarda ba wanda zai shigo musu. Sai dai mutum ɗaya tak ya isa ya kai magana kotu, domin doka ba ta tilasta wa magaji ya zauna cikin gadon da ba a raba ba. Ranar da wani jika da kasuwa ta karye masa ya nemi kasonsa, alƙali da littafin 2004 zai yi aiki, ba da lissafin malamin unguwa ba.

Ba muna cewa a bar rabon shari'a ba ne. Abin da muke cewa shi ne, rabon da ya tsaya a baki, a zauren gida bayan addu'ar bakwai, ba shi da ƙafar da zai tsaya a kai idan aka ja. Idan magada duk sun mallaki hankalinsu kuma sun amince, rabon sulhu a gaban notar hanya ce da doka ta sani, kuma ita ce za ta ba abin da malam ya lissafa ƙarfin takarda. Wannan aiki yana da sauƙi tun dattawan da suka san asalin magana suna raye. Kowace jana'iza a Zongo tana tafiya da wani shafi na tarihin wani gida.

Sai kuma maganar suna, wadda ake ɗauka ƙarama har sai ta tsayar da fayil wata shida. Magatakardan da suka rubuta takardun kakanninmu da kunnen Faransanci suka ji sunayen. Mutum ɗaya za ka same shi Aboubacar a wannan takarda, Boubacar a waccan, Garba a ta uku, a fasfonsa na Nijeriya kuma Abubakar. Mu mun san duk ɗaya ne, kwamfuta ba ta sani ba. Tun bayan rajistar jama'a ta RAVIP da aka yi a 2017 zuwa 2018, da lambar shaida da hukumar ANIP ke bayarwa, harkar takardu a Benin ta koma ta lamba da harafi, har hukumar filaye ma ta mayar da ayyukanta da dama kan intanet. Haka nan harajin gida: da yawa suna biya duk shekara ba fashi, amma da sunan marigayi, ko da sunan wanda ya sayar musu. Takardar harajin da za ta iya zama hujja a hannunka, kai da kanka kake gina wa wani ita.

Akwai kuma batun ɗan ƙasa da baƙo, wanda ya fi shafar masu karanta wannan shafi. Dokar 2013 ta ce ɗan Benin yana iya mallakar ƙasa a ko'ina. Baƙon da ke zaune a ƙasar kuwa a cikin birni kawai aka yarda ya saya, shi ma bisa sharaɗin akwai yarjejeniya tsakanin ƙasashen ko ana yi wa 'yan Benin irin haka a ƙasarsa. Filin karkara ba na baƙo ba ne. Bahaushen Zongo da aka haifi ubansa a Kwatano ɗan Benin ne kamar kowa, in dai yana da takardun da suka nuna haka, kuma rashin su ne ke mayar da ɗan gida baƙo a gaban teburin ma'aikaci. Shi kuwa ɗan kasuwar da ke zuwa yana komawa, dabarar da aka saba ita ce ya saya da sunan fatomansa ko wani amini ɗan ƙasa. Tsakani da Allah an ga amana a wannan harka, fatoma ya riƙe wa baƙo dukiya shekara 30 ba a ji kansu ba. To amma fatoma mutum ne, zai mutu, kuma 'ya'yansa abin da ke rubuce za su gada. Idan titir ya fita da sunan wani, doka ta ce ba a tayar da shi. Ko an tabbatar da zamba, abin da ya fi yiwuwa wanda aka cuta ya samu shi ne diyya, ba filin ba.

Da yake Zongo ta cika, yawancin masu ɗan hali a bayan gari suke saye yanzu, wajen Abomey-Calavi ko Seme-Podji kan hanyar iyakar Nijeriya. A can rigimar wani launi gare ta. Mutane kan sayi fili tun ba a yanka unguwa ba. Daga baya sai hukuma ta turo masu awo su ƙidaya abin da kowa ke riƙe da shi su ba shi lamba, a zabge wani kaso daga filin kowa domin tituna da makaranta da kasuwa, sannan a sake zaunar da kowa a sabon wuri, wanda ba lallai ne ya zama inda ya saya ba. Wanda ba ya nan ranar ƙidaya, ko ba shi da wakili, yana iya wayar gari sunansa ba ya cikin littafi. Wane ne kuwa ya fi ɗan kasuwar kan iyaka rashin zama? A wannan tsakani ne ma'aikata marasa tsoron Allah ke cin kasuwarsu da filayen da aka ware wa jama'a. Ba zargi ba ne kawai: a 2021 kotun CRIET ta ɗaure wani tsohon magajin garin Abomey-Calavi tare da wasu kan badaƙalar fili mai kadada 39.

Mai irin wannan fili ya kuma san da wata aya a dokar 2013. Idan wani ya zauna a fili shekara 10, zama na lumana, a bainar jama'a, ba yankewa, to haƙƙin wanda ke riƙe da takardar da ba titir ba yana iya faɗuwa. Ayar ba ta aiki a kan filin da ke da titir, ba ta aiki a kan ƙasar gwamnati, kuma ɗan haya ko mai gadi ba ya cin moriyarta. Wuƙa ce mai baki biyu. Tana kare iyalin da suka daɗe a wuri daga wanda zai ɓullo da tsohuwar takarda ya ce kakansa ne ya sari dajin, irin shari'o'in da suka sa aka yi ta rushe gidajen bayin Allah a kudancin Benin. Tana kuma yanka wanda ya saya ya tafi Maraɗi ya manta. Wanda ya ajiye mutum a filinsa yana noma rogo ko yana gadi, ya rubuta yarjejeniya da shi, don kada gobe a rasa mai shaidar cewa aro ne.

Yawan irin waɗannan ƙararraki ne ya sa aka kafa kotu ta musamman kan filaye, CSAF, da dokar watan Oktoban 2022, ta kuma fara aiki a 2023, da hurumin da ya haɗa Kwatano da Abomey-Calavi da Porto-Novo da Seme-Podji da wasu garuruwan kewaye. Duk rigimar mallaka da ta taso a Zongo, in ta wuce sulhu, can za ta nufa. Kotu ce ta takarda da taswira da Faransanci, kuma wanda ya je da shaidun baki kawai ya tarar da mai titir, ya san inda shari'a za ta kwana.

Kada mu ga kamar talaka ne kaɗai ake yi wa haka. Mu da ke ƙetara gadar Gaya zuwa Malanville mun san tsibirin Lete, wanda Benin da Nijar suka yi ta jayayya a kansa tun farkon shekarun 1960. Da aka kai magana kotun duniya da ke Hague, ba a tsaya kan wa ya fi daɗewa yana kiwo ko su a wurin ba. Takardun mulkin mallaka aka baje, aka duba wace hukuma ce ke gudanar da wurin, aka kuma bi awon zurfin kogi. A ranar 12 ga Yulin 2005 kotun ta ce iyaka tana bin hanyar ruwa mafi zurfi, ta ba Nijar tsibirai 16 har da Lete, Benin ta sami 9, ta ma faɗi yadda iyakar za ta kasance a kan gadar kanta. Ƙasashe biyu masu tuta da soja ma sai da suka koma ga takarda da awo.

Wanda ya saba da Nijeriya ko Nijar kada ya auna Benin da mudun gida. A Nijeriya, tun dokar 1978, ƙasa tana hannun gwamna ne a matsayin amana, takardar C of O kuma izinin riƙo ce na wa'adi. A Nijar akwai kwamitocin filaye da dokar karkara ta 1993 ta kafa, kuma sarakuna na da ta cewa a shaidar gona. Titir na Benin mallaka ce ta dindindin, ta fi C of O ƙarfi, amma daidai ƙarfinta daidai haɗarinta ga wanda aka riga.

Duk da haka ba za mu yi wa gwamnati kara ba. Doka ta ɗora wa talaka nauyin da ya fi ƙarfinsa: kuɗin safiyo, kuɗin notar, kuɗin takardun gado a kotu, da zirga-zirgar da ke cin ranakun kasuwa, duk cikin harshen da tsohuwar da ta gaji ɗaki biyu a Zongo ba ta ji. Idan hanya ta yi tsada, mai kuɗi ne ke riga kowa isa, kuma shi ne zai zo ya saye kason magada ɗaya bayan ɗaya a farashin wulaƙanci. Sannan titir ba laya ba ce. Sashe na 22 na tsarin mulkin 1990 ya yarda gwamnati ta karɓi dukiyar mutum domin amfanin jama'a, in dai ta biya diyya ta adalci tun kafin ta karɓa. Xwlacodji, tsohuwar unguwar masunta da ke gunduma ɗaya da Zongo, an tashe ta a 2021, kuma a rahoton da ta fitar a Disamban 2023 ƙungiyar Amnesty ta yi ƙorafi kan yadda aka tashi mutane a can da wasu wurare na bakin teku, musamman ta fuskar sanarwa da diyya. Abin da titir ke yi a irin wannan rana shi ne ya sa a yi ciniki da kai a matsayin mai ƙasa, ba a ba ka abin da aka ga dama a matsayin wanda aka taimaka wa ba. Rumfar kasuwa kuwa ba ta ma shiga wannan lissafi: wurin da mutum ke da shi a Dantokpa haya ce daga hukumar kasuwa, ko nawa ya biya wanda ya bar masa, kuma tun a zamanin Talon gwamnati ta bayyana shirin kwashe kasuwar zuwa sababbin wurare.

Shekarun nan sun koya mana cewa gida shi ne jarin ƙarshe. Lokacin da Nijeriya ta rufe iyakokinta daga Agustan 2019 zuwa Disamban 2020, da lokacin da aka toshe gadar Malanville bayan juyin mulkin Nijar na 26 ga Yulin 2023, mutane nawa ne suka juya ga gida ko fili domin su biya bashin kaya? Banki titir yake nema kafin ya karɓi jingina. Mai saye da ya san doka, da ya ji babu titir sai ya karya farashi, ko ya ce a je a gyara takardu tukuna, alhali mai sayarwa yau yake bukatar kuɗin.

Abin da ya rage a hannun mutanen Zongo shi ne su yi aikin nan a ƙungiyance, tun babu rigima. Dokar ta yarda a nemi tabbatar da haƙƙi a dunƙule, ba sai ɗaya-ɗaya ba, kuma ko a hankalce safiyon da zai auna gida goma a layi guda ba zai caji kowa kamar wanda aka kira domin gida ɗaya ba. Shugabannin Zongo Ehuzu da Zongo Nima, da limamai, da shugabannin ƙungiyoyin 'yan kasuwa da direbobi, su ne za su iya tara maƙwabta a daidaita maganar katanga kafin ranar awo, a kira magadan da ke Legas da Yamai, a kuma samo 'ya'yan unguwa da suka karanta doka su zauna su fassara wa iyaye abin da ke cikin akwatunan nan. Filayen masallatai da makarantun allo da na Islamiyya su ne ya kamata a fara da su, domin da yawansu wani bawan Allah ne ya bayar da baki, kuma har yau sunansa ne a takarda, ba na jama'ar da ke salla a ciki ba.